Man Kwakwa Da Karnukan Achika: An Bar Jaki Ana Dukan Taiki

Na san akwai masu karatu da za su ga kan wannan rubutu su yi tsaki, su ce duk matsalolin da suka addabi ƙasar nan, ga tsadar abinci ga rashin tsaro, an rasa abin da za a ɓata shafi a kansa sai kare da abin da yake ci. Ina roƙonsu da su yi haƙuri su bi ni zuwa ƙarshe, domin maganar daga kaskon kare za ta faro, amma a kan 'ya'yanmu da ke wasa da shi a ƙofar gida za ta ƙare.

A hunturun da ya wuce na je Achika, cikin ƙaramar hukumar Wudil, domin in gaida wani baffana wanda tun ina yaro da farauta na san shi. Karnukansa huɗu ne, kuma duk wanda ya san mafarauci ya san matsayin kare a wurinsa. Da hantsi muna zaune a zaure, sai na hangi wata 'yar kwalba an jingine ta a rana, abin da ke cikinta fari fat, ya daskare kamar man shanu. Can sai ɗansa, wani saurayi mai sana'ar gyaran waya a Wudil, ya ɗauko ta da ƙaramin cokali, ya riƙa ɗiba yana gaurayawa da ragowar tuwon da aka zuba wa karnukan.

Na ce, "Baffa, wannan kuma mene ne?"

Ya ce, "Man kwakwa ne, ɗan'uwanka ya kawo. Ya gani a waya, wai shi Turawa ke ba karnukansu. Yana sa gashi ya yi sheƙi, yana kashe tsutsar ciki, yana korar kaska, har ƙwaƙwalwa yake buɗewa."

Na ce, "To Allah ya amfana. Amma Baffa, yaushe rabon da a yi musu allurar haukan kare?"

Sai ya yi dariya ya ce, "Haba ɗana, karen da ke cikin hankalinsa me zai yi da allurar mahaukata?"

Wannan amsa ce ta hana ni sukuni har na ɗauki alƙalami. Baffana ba marowaci ba ne, ba kuma mugu ba ne. Mutumin da ya yarda a kashe kuɗi a kan man da shi kansa bai taɓa sa shi a miyarsa ba saboda karnukansa, ai ba za a ce bai damu da su ba. Kuɗin ne da kulawar suka tafi inda ba su da amfani sosai, aka bar inda rai yake.

Bari mu fara da man kansa. Kwakwa ba itaciyar ƙasar Hausa ba ce. Kakanninmu ma kwakwar Attagara suke ce mata, wato suna jingina ta ga ƙasar Igala ta bakin kogin Kwara, don su bambanta ta da kwakwar manja. A Nijeriya an fi saninta a bakin teku, musamman Badagiri ta Jihar Legas, a duniya kuwa Indonesiya da Filifin da Indiya ne manyan masu nomanta. Saboda haka duk kwalbar da ta iso Wudil ta sha hanya, kuma mai saye ne ke biyan kuɗin hanyar. Yayin man ya taso ne a Amurka da Turai, inda aka yi ta tallarsa ga mutane a matsayin maganin kusan kowace cuta, daga baya masu sayar da kayan dabbobin gida suka ɗauka. Tallar ta yi ƙarfi har sai da Ƙungiyar Likitocin Zuciya ta Amurka ta fitar da sanarwa a shekarar 2017, tana jan hankalin mutane cewa man kwakwa yana ƙara nau'in kitsen jini mai toshe jijiya. Mu kuwa, kamar yadda muka saba, sai da yayin ya fara lafawa a can sannan ya iso mana ta waya, ba tare da gargaɗin ya biyo shi ba.

Daskarewar da na gani a kwalbar nan ita ce ke nuna irin man. Fiye da kashi 80 cikin 100 na man kwakwa maiƙo ne mai daskarewa, shi ya sa da sanyi ya sauka ƙasa da kimanin digiri 24 sai ya yi tauri, alhali man gyaɗa yana nan a narke. Kusan rabinsa wani sinadari ne da masana ke kira lorik. Babban cokali ɗaya yana ɗauke da kalori kusan 120, wato ma'aunin ƙarfin da abinci ke ba jiki, kuma kare mai nauyin kilo 15 yana buƙatar kimanin kalori 800 zuwa 900 ne a yini. Ban da wannan ƙarfi, babu furotin a cikinsa, wato sinadarin gina jiki da ake samu a nama da kifi da wake, babu kuma wasu bitamin na a zo a gani.

Adalci ne in faɗi inda masu tallar suka samo hujjarsu, domin ba daga iska suka ɗauko ta ba. A shekarar 2015 masu bincike a Kwalejin Likitancin Dabbobi ta Sarauta da ke Landan sun wallafa sakamakon gwajin da suka yi a kan karnuka 21 masu farfaɗiya. Sun ba su wani abinci na musamman da aka haɗa da wani tataccen mai, suka ga yawan tashin farfaɗiyar ya ragu a wasunsu. Irin wannan tataccen mai ana fitar da shi daga kwakwa, amma sinadaran da ake nema a cikinsa ba su kai kashi 20 cikin 100 na man kwakwar da ake sayarwa a kwalba ba. Bugu da ƙari, karnukan marasa lafiya ne, suna shan maganinsu na asibiti, likitoci na auna musu abincin. Haka kuma a shekarar 2018 masu bincike na Ma'aikatar Aikin Gona ta Amurka sun gano cewa wasu sinadarai da aka ware daga man kwakwa suna korar ƙwari masu cizo har da kaska, amma su da kansu suka bayyana cewa man a yadda yake ba ya korarsu. Wanda ya ɗauki waɗannan bincike ya ce ga dalilin zuba wa lafiyayyen kare man kwakwa, kamar wanda ya ji ana yin sukari da rake ne, sai ya jefa gaɓar rake a shayi yana jiran zaƙi.

Wani zai ce ai karen farauta yana gudu, yana buƙatar maiƙo. Wannan gaskiya ne, kuma karnukanmu rama ce ta fi damunsu, ba ƙiba irin ta karnukan Turawa ba. Sai dai idan maiƙo ake nema, akwai shi a gida. Akwai wani sinadarin mai da ake kira linoliyik, wanda jikin kare ba ya iya ƙera shi, dole sai daga abinci, kuma rashinsa na sa fata ta bushe gashi ya dusashe. A man kwakwa bai wuce kashi 2 cikin 100 ba, a man gyaɗarmu kuwa yawanci ya haura kashi 20. Wato ko don sheƙin gashin da ake nema, ɗan ɗigon man gyaɗa, ko ƙuliƙuli marar yaji da aka daka a tuwo, ya fi abin da aka ɗauko daga bakin teku. Ga dafaffen ƙwai idan da hali, ga kai da kayan cikin kifi da ake zubarwa a bakin kogin Wudil, a dafa su sosai a tsame ƙaya. Abin da ya kamata a kiyaye shi ne ragowar miya mai yawan albasa da tafarnuwa, domin suna lalata jinin kare, da kuma dafaffen ƙashin kaza mai tsagewa ya soki hanji.

Sannan man yana da nasa haɗarin idan aka yawaita. Karen da bai saba da maiƙo ba, aka ɗura masa cokali biyu ko uku, amai da gudawa ne za su biyo baya. Likitocin dabbobi sun daɗe da sanin cewa abinci mai yawan kitse yana cikin abubuwan da ke jawo kumburin fankiriyas, wata gaɓa da ke kwance kusa da tumbi tana fitar da ruwan narkar da abinci, kuma wannan ciwo yana iya kashe kare. Ban ce ƙaramin cokali ɗaya guba ba ne. Wanda ya shafa wa karensa kaɗan a busasshen tafin ƙafa ko tsagaggen hanci lokacin hunturu, bai yi laifi ba, zai yi laushi kamar yadda man kaɗanya zai sa shi ya yi. Babbar illar ita ce mutum ya saki jiki, ya ɗauka ya gama sauke haƙƙin dabbarsa.

Da na duba karnukan baffana da kyau, abin da ke damunsu a bayyane yake. Kunnuwansu cike da kaska, ɗaya gashin gwiwarsa da gefen kunnensa ya zube yana ta susa, ƙaramin cikinsu kuma ga haƙarƙari a waje ga ciki a kumbure. Kaska tana shan jini, tana kuma sa wa kare zazzaɓi mai fasa ƙwayoyin jini. Zubewar gashi da susa sau da yawa ƙazuwa ce, wadda wasu ƙananan ƙwari da ido ba ya gani ke haƙa rami a cikin fata su haddasa ta. Kumburin ciki a ɗan kwikwiyo kuwa alamar tsutsa ce. Kowanne daga cikin waɗannan yana da maganinsa sananne a wurin malaman dabbobi, ana ba da shi gwargwadon nauyin kare, kuma babu wanda man kwakwa ke warkarwa a cikinsu.

A nan ne maganar ta tsallako kanmu. Ƙwan tsutsar da ke fita a kashin kare yana daɗewa a cikin ƙasa, a wurin da yaranmu ke rarrafe suna kai hannu baki. Akwai kuma wata tsutsa da kare ke ɗauka idan ya ci ɗanyen huhu ko hantar dabba mai ƙullutun ruwa. Mu da muke maƙwabtaka da kasuwar shanu ta Wudil, wadda ke ci duk ranar Juma'a, mun san yadda mahauci ke yanke irin wannan ɓangare ya jefa wa karen da ke jira. Daga karen sai ƙwan tsutsar ya koma kan ciyawa da ruwa da hannun mutum, ya shiga tumaki da shanu da mutane, ya yi musu irin wannan ƙullutu a hanta ko huhu, wanda a jikin mutum sau da yawa sai an yi tiyata. Binne ɓangaren ko ƙona shi, da ba kare maganin tsutsa a kai a kai, sun isa su datse wannan hanya.

Amma duk waɗannan ƙanana ne a kan ciwon haukan kare. Alƙaluman Hukumar Lafiya ta Duniya sun nuna cewa wannan ciwo yana kashe kimanin mutum 59,000 a kowace shekara, kashi 95 cikin 100 a Afirka da Asiya. Kusan kashi 99 cikin 100 na waɗanda suka kamu daga kare suka samo shi, kuma kimanin kashi 40 cikin 100 yara ne 'yan ƙasa da shekara 15. Dalilin yawan yara a fili yake: su ke tsokanar kare, su ne gajeru da cizon ke samu a fuska ko wuya, su ne kuma ke ɓoye ɗan yakushi don tsoron faɗa. Ƙwayar cutar tana cikin yawun dabbar, tana bin jijiya a hankali zuwa ƙwaƙwalwa. Yawanci sai bayan wata biyu zuwa uku alamu ke fitowa, lokacin da miki ya warke kowa ya manta. Daga ranar da mutum ya fara tsoron ruwa da firgita kuwa, kusan babu mai tashi. A ƙauyukanmu irin wannan mutuwa sau da yawa ba ta zuwa asibiti, sai a ce iska ce ko sammu, a yi jana'iza, karen da ya jawo ta kuma ya riga ya ciji wasu.

Kuskuren baffana, wanda na tabbata mutane da yawa suna tare da shi a kai, shi ne zaton cewa allurar ta karen da ya haukace ce. Karen da ya riga ya haukace ba shi da magani. Allurar ta lafiyayye ce, ana fara ta tun yana wata uku, a riƙa sabunta ta duk shekara. Karen farauta ya ma fi kowane kare buƙatarta, domin shi ke cuɗanya da karnukan garuruwa daban-daban a dandalin farauta, shi ke kokawa da dila da sauran namun daji. Abin ba sabo ba ne. Tun a watan Yulin 1885 Louis Pasteur ya yi wa wani yaro da mahaukacin kare ya ciza allura a Faransa, yaron ya rayu, kuma ranar rasuwar wannan masani, 28 ga Satumba, ita aka ware a matsayin ranar yaƙi da ciwon a duniya. A nan gida, Cibiyar Binciken Cututtukan Dabbobi ta Ƙasa da ke Vom a Jihar Filato, wadda aka kafa a 1924, tana yin allurar karnuka. Masana sun tabbatar cewa idan aka yi wa kashi 70 cikin 100 na karnukan wani yanki allura, cutar za ta daina yaɗuwa a cikinsu. Da wannan hanya Meziko ta bi, har Hukumar Lafiya ta Duniya ta shaida a 2019 cewa ta kawar da ciwon da mutane ke ɗauka daga kare. Duniya ta sa wa kanta wa'adin 2030 na ganin babu wanda ya sake mutuwa ta wannan hanya, kuma a 2022 Nijeriya ta ƙaddamar da nata shirin. Shiri a takarda ba ya isa Achika sai an ɗauko shi an kawo.

Idan kuma tsautsayi ya faɗa, kare ya ciji mutum ko ya yakushe shi, abu na farko shi ne a wanke wurin da sabulu da ruwa mai yawa na tsawon minti 15, kada a cusa toka ko garin magani. Daga nan a garzaya asibiti a ranar domin a fara allurar rigakafi, ko da mikin ƙarami ne. Idan karen sananne ne kuma yana cikin hayyacinsa, a ɗaure shi a sa masa ido na kwana 10, a kuma sanar da malamin dabbobi, amma kada a ce sai an ga abin da zai same shi sannan a kai yaro asibiti. Allurar mutum ana yin ta sau da yawa a ranaku daban-daban, kuɗinta kuma ya ninka na allurar kare nesa ba kusa ba. Wanda ya ƙi kashe kaɗan a kan kare, zai sayar da akuya ko buhun hatsi a kan ɗansa, in ma an yi sa'a an gane da wuri.

Na san a al'adarmu kare ba abin sakawa a ɗaki ba ne, kuma akwai masu ganin ɓata kuɗi ne a kai shi wurin likita. Amma addininmu ya halatta riƙe kare don farauta da gadin dabbobi da gona, kuma kowane ɗalibi ya san hadisin mutumin da Allah ya gafarta masa saboda ya shayar da kare mai ƙishirwa. Wanda ya ajiye dabba, ciyar da ita da lafiyarta suna wuyansa, cutar da za ta yi wa maƙwabci ma tana wuyansa. Wanda ma ba ya son kare, bai taɓa kiwonsa ba, ya sani cewa mahaukacin kare ba ya tambayar ɗan wane ne kafin ya kai cizo.

Saboda haka ina kira ga shugabannin mafarauta a ƙasar Wudil da su mai da takardar allura sharaɗi, duk karen da ba shi da ita kada ya shiga ayari idan an fita farautar rani. Su ke da iko a kan mutanensu fiye da kowane ma'aikacin gwamnati. Ina kira ga dagatai da masu unguwanni su san yawan karnukan da ke ƙasarsu da masu su, limamai kuma su riƙa tunatar da iyaye maganar wanke miki da zuwa asibiti. Sashen aikin gona na ƙaramar hukuma da ma'aikatar da ke kula da dabbobi ta jiha su riƙa haɗawa da karnuka duk lokacin da aka fito rigakafin shanu da awaki, a kuma tabbatar akwai allurar mutane a asibitocin da ke kusa da ƙauyuka, don kada talaka ya yi ta neman kuɗin motar Kano kwanaki suna wucewa. Ga kuma jami'ar kimiyya da fasaha a Wudil, wadda aka sa wa sunan Aliko Ɗangote a 2022. Ɗalibanta na fannin noma za su iya zagaya Achika da maƙwabtanta su ƙidaya karnuka, su wayar da kan masu su, su ma sun ƙaru da ilimi.

Samarinmu masu waya kuma, waɗanda su ne idon iyayensu a kan abin da ke faruwa a duniya, su riƙa tambayar kansu wane ne ya yi wannan bayani, me yake sayarwa, kuma don karen wa aka yi shi. Baturen da ke zuba wa karensa man kwakwa ya riga ya yi masa allura, ya ba shi maganin tsutsa da na kaska, ya cika masa kwano da abinci. Man shi ne na ƙarshe a lissafinsa, in ya yi amfani to, in bai yi ba bai rasa komai ba. Mu sai muka ɗauko na ƙarshen muka bar na farko.

Baffana bai karɓi maganata a ranar ba, kuma ban matsa ba, domin yaro ba ya koya wa mafarauci kare. Na dai tambaye shi jikokinsa nawa ne ke kwana a gidan, ya ƙirga ya ce tara, daga nan muka shiga wata hira. Bayan mako biyu ɗansa ya kira ni ya ce sun ɗauko malamin dabbobi a kan babur, an yi wa karnukan huɗu allura, an ba su maganin tsutsa, har maƙwabta biyu sun kawo nasu. Na tambaye shi labarin kwalbar, ya ce Baffa ya miƙa ta cikin gida, Inna ta ce dama kitsonta na buƙata.

Karnuka shida ke nan a unguwa ɗaya, saura na sauran gari. Allah ya tsare mana zuri'a, ya sa kunne ya ji, jiki ya tsira, amin.